Yaron da Aka Sace: Ƙagaggen Labarin Tarihi da Wahalar Ƙuruciya a Kudancin Katsina



Sa'ad da aka nemi in yi magana a kan littattafan ƙagaggun labarai na tarihi waɗanda ake rubutawa domin yara, sai da na yi jim kafin in amsa, domin na san a ganin mutane da yawa wannan bai kai batun da za a tara manya a zauren jami'a saboda shi ba. Labarin yara, in ji su, na dandali ne da ɗakin kaka. Abin da ya sa na amsa shi ne wani al'amari da kowa a nan yake tune da shi. Ranar Juma'a 11 ga Disamba 2020 da dare, 'yan bindiga a kan babura suka afka wa Makarantar Sakandaren Kimiyya ta Gwamnati da ke Ƙanƙara, suka tasa ɗaruruwan ɗalibai a gaba, suka nausa daji da su a ƙafa. Waɗansu yaran sun haura katanga sun tsira, waɗansu sun sulale a hanya. Sauran sun kwana shida a hannun mutanen, sai ranar 17 ga watan aka sako yara 344 a yankin Tsafe ta Jihar Zamfara, washegari aka kawo su Katsina. Shugaban Ƙasa na lokacin, Muhammadu Buhari, yana Daura sa'ad da abin ya auku.

Tambayar da na zo da ita ita ce wannan: yaron da za a haifa a Ƙanƙara, ko Faskari, ko Sabuwa nan da shekara ashirin, ta wace hanya zai san abin da ya sami waɗannan yara? Zai ga adadi a takardun gwamnati, in takardun sun rayu. Amma adadi ba ya gaya wa mutum yadda ƙaya take shiga ƙafar da ba takalmi, ko abin da yaro ɗan shekara goma sha uku yake tunani sa'ad da ya ji jirgin yaƙi yana shawagi bisa kansa alhali mai bindiga yana tsaye a bayansa.

Mu Hausawa muna da rumbu biyu da muka saba zuba abin da ya wuce. Na farko tarihin sarakuna, irin wanda aka tattara cikin Labarun Hausawa da Maƙwabtansu a farkon shekarun 1930. A can za ka ji wane ya hau, ya yi shekara kaza, ya ci gari kaza, ya kamo bayi. Kalmar nan "bayi" ita ce kabarin da aka binne dubban yara a ciki, ba suna, ba uwa, ba gari. Rumbu na biyu tatsuniya. Ita kam cike take da yara masu shan wuya: marainiya da kishiyar uwa, yarinyar da aka ba Dodo, auta da 'yan'uwansa suka jefar. Sai dai tatsuniya ba ta da shekara, ba ta da wuri, kuma da kanta take sanar da mai sauraro a ƙarshe cewa ƙarya ce. Ƙagaggen labarin tarihi yana tsakanin waɗannan biyu. Marubuci yakan ƙirƙiri yaro guda, ya ba shi suna da uwa da 'yar rigarsa, sa'an nan ya ajiye shi cikin zamani na gaskiya da garuruwa na gaskiya, ya bar abin da ya faru da gaske ya bi ta kansa.

Abin mamaki shi ne da irin wannan littafi rubutun zube na Hausa ya soma. A 1933 Rupert East, shugaban Hukumar Fassara ta Zariya, ya zagaya yana neman malamai su rubuta ƙagaggun labarai. Daga wannan gasa aka sami littattafai biyar da kuka sani: Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da Ganɗoki na Bello Kagara, da Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo, da Jiki Magayi na John Tafida tare da East, da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa. Biyu daga cikinsu kan tarihi suka tsaya. Ganɗoki ya fara da yaƙin da Turawa suka yi da Kwantagora, amma jaruminsa babba ne, mai takobi da kirari, kuma ba a daɗe ba labarin ya tashi sama ya shiga ƙasar aljannu. Shaihu Umar kuwa a ƙasa ya tsaya, kuma yaro ne a tsakiyarsa. Mai rubuta shi a sa'an nan saurayi ne wanda bai wuce shekara 21 ba, bai daɗe da fita Kwalejin Katsina ba, yana koyarwa a Midil ta Bauci.

Bari in tuna muku yadda labarin yake, don na lura ɗalibai da yawa yanzu sunan littafin suka sani, ba su san cikinsa ba. Wani babban malami ne a Rauta, kusa da Bauci, almajiransa suka tambaye shi asalinsa, ya ba su labari. A Kagara aka haife shi, ubansa ya rasu, uwarsa ta auri wani bafade mai suna Makau. Mahassada suka ƙulla wa Makau sharri bayan an komo daga wani hari, sarki ya kore shi, ya tafi ya zauna a Maƙarfi. Uwar ta tafi Fatika ganin iyayenta kafin ta bi mijinta, ta bar ɗan a hannun amana, aka sace shi. Kura ta cinye ɓarawon, waɗansu talakawa suka tsinci yaron suka riƙe shi, mahara suka sāke kwashe shi, aka kai shi Kano, ya faɗa hannun wani Balarabe, Abdulkarim, wanda ya ƙetare hamada da shi ya mai da shi ɗa, ya sa shi karatu har ya zama malami. Uwar kuwa ta fita nemansa, aka yaudare ta aka sayar, ta bi ta Murzuk har Tarabulus cikin bauta da wulaƙanci. Sun sadu daga ƙarshe, amma jikinta ya riga ya ƙare, ba ta jima ba ta rasu.

Ina so ku kula da garin nan Fatika. Yana nan har gobe cikin Ƙaramar Hukumar Giwa, maƙwabciyar Sabuwa. Harin da Makau ya je kuwa ƙasar Gwari aka kai shi, ita ma tana iyaka da Sabuwa ta wajen Birnin Gwari. Watau hanyoyin da uwar Umar ta taka tana kuka ba su da nisa da gonakin da mutanen Faskari da Sabuwa suke nomawa. Sunan Kagara ma ya sāke dawowa kunnenmu ranar 17 ga Fabrairu 2021, wata biyu da 'yan kwanaki bayan Ƙanƙara, sa'ad da aka kwashe ɗalibai 27 da malamai da iyalansu daga Kwalejin Kimiyya ta Kagara a Jihar Neja, aka kashe ɗalibi guda. Wanda ya karanta littafin yana yaro, ya ji wannan labari a rediyo, lalle gabansa ya faɗi sau biyu.

Ƙarfin littafin a ganina yana wurin uwar. Ɓalewa bai yi wa mai karatu huɗuba a kan sharrin cinikin bayi ba, ya dai bar shi ya bi mace guda wadda ta ƙi haƙura da ɗanta, har ƙin haƙurin ya kai ta ga hallaka. Yaro ɗan firamare yana iya manta shekarar da Rabe ya ci Barno, amma ba ya manta matar nan. Ni kaina a aji shida aka karanta mana shi, malaminmu yana karantawa muna bi da yatsa, kuma na tuna yadda ajin ya yi tsit da aka zo wurin rasuwarta. Ba banza ba aka juya shi zuwa Turanci a 1967 ta hannun Mervyn Hiskett, Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mai da shi wasan kwaikwayo a 1975, Adamu Halilu kuma ya yi fim ɗinsa a 1976.

Amma tilas ne in faɗi inda littafin ya gaza, ko da yake marubucinsa mutum ne da muke girmamawa. Umar ya tsira ne domin ya faɗa hannun ubangiji nagari, kuma labarin ya karkata ga nuna cewa haƙuri da ilmi su ne mafita. To, yaran Gwari da su Makau suka kamo fa? Littafin bai ba ko ɗayansu suna ba. An ƙidaya su kamar yadda ake ƙidaya awaki, aka wuce. Su ma da uwaye, su ma an raba su da garinsu da sassafe suna gona. Hassadar fadawa ce marubucin ya ɗauka a matsayin zalunci, harin kansa kuwa ya bar shi kamar wani aiki na yau da kullum. Ban faɗi haka don in tuhumi saurayin 1933 da rashin idon 2020 ba. Na faɗa ne domin wanda zai ɗauki alƙalami yau ya san akwai rabin labarin da aka bari ba a rubuta ba.

Muna kuwa da shaidu na gaskiya da za a auna ƙagaggen labari da su. Akwai Dorugu, Bahaushe daga ƙasar Damagaram, wanda aka kama yana ɗan yaro aka sayar har Kukawa. Baturen nan Adolf Overweg ya 'yanta shi, bayan rasuwarsa a 1852 ya bi Heinrich Barth, suka ratsa Katsina a 1853 zuwa Sakkwato da Tambutu, kana ya je Ingila a 1855. A can ya ba J. F. Schön labarin rayuwarsa da Hausa, aka buga shi cikin Magana Hausa a 1885. Muryar yaro ce sosai: yunwa, da rabuwa da uba, da mamakin abincin Turawa. Dorugu ya komo gida, ya koyar a makarantar Ɗan Hausa a Nasarawa ta Kano, ya rasu a 1912. Akwai kuma Baba ta Karo, wadda ta ba Mary Smith labarinta a Giwa tsakanin 1949 da 1950, aka buga a 1954. Ta girma a wajen Zarewa, kan iyakar Kano da Zazzau, kuma ta bayyana yadda mahara sukan faɗo wa rinji da dare, yadda aka kwashe mata da yara na danginta, da yadda maza suka bi sawu suka tara kuɗin wuri suka fanso su. Ku saurari kalmar: fansa. Ba yau aka fara jin ta a wannan yanki ba.

Yanzu bari mu dubi ƙasar da kanta. Marigayi Dokta Yusufu Bala Usman, cikin littafinsa kan tarihin Katsina daga 1400 zuwa 1883 wanda aka buga a 1981, ya nuna muhimmancin kudancin ƙasar, wanda ake kira Katsina Laka saboda irin ƙasar nomansa. Yanki ne mai ruwa da albarka, mai duwatsu da kurmi, mai tsofaffin garuruwa kamar Maska da Gozaki da Birnin Kogo, wanda auduga da saƙa da rini suka ɗaukaka tun da daɗewa. Sunayen sarautu sun riƙe mana wannan tarihi: hakimin Ƙanƙara shi ne Sarkin Pauwa, na Faskari Sarkin Yamma, na Sabuwa kuwa Kogo. Yamma da su akwai 'Yandoto, garin malamai wanda almajirai suke zuwa daga nesa, wanda Muhammadu Bello ya ci a farkon jihadi bayan malamansa da yawa sun ƙi ba da goyon baya. 'Yandoto tana cikin ƙasar Tsafe ta yau, watau yankin da aka miƙa yaran Ƙanƙara. Almajirin da yake zaune da allonsa a 'Yandoto ranar da dawaki suka iso, shi kaɗai ya isa littafi.

Bayan Birnin Katsina ya faɗa hannun masu jihadi a 1807, zuriyar tsofaffin sarakuna suka kafu a Maraɗi, daga can kuma suka yi ta kawo hari kusan ƙarni guda, musamman zamanin Ɗan Baskore wanda ya yi sarauta fiye da shekara ashirin. Cikin shekarun 1840, zamanin Sarkin Katsina Siddiku, aka yi tawaye a ƙasar Ruma da goyon bayan Maraɗi, aka murƙushe shi da ƙarfi, garuruwa da yawa suka zama kufai, itatuwa suka rufe su. Wannan shi ne babban abin da ya faɗaɗa dajin da muke kira Rugu. Ina jaddada wannan domin ɗalibai sukan ɗauka daji abu ne da Allah Ya ajiye tun fil'azal, ba ruwansa da aikin ɗan Adam. A'a, wani dajin yaƙi ne ya shuka shi. Ƙarƙashin inuwar da 'yan bindiga suke fakewa akwai ganuwa da rijiyoyi da marina na mutanen da aka watsa. Daga kudu kuma, a ƙarshen ƙarni na 19, ga rundunar Ibrahim Nagwamatse na Kwantagora tana cin ƙasar Gwari da gefen Zazzau, har Turawa suka kore shi daga garinsa a 1901. Saboda haka yaron Kogo ko na Pauwa a wancan zamani tsakanin wuta biyu ya tashi. Ya san ƙarar kuge da gangar gudu, ya san kogon da ake ɓuya, ya san dalilin da ya sa ba a zuwa gona mai nisa sai cikin jama'a.

Zamanin Turawa ya kawo nasa nau'in wahala, zan ratsa shi da sauri. Dokar 1901 ta ce duk wanda aka haifa daga 1 ga Afrilu na shekarar ɗa ne, amma ba a soke bauta ɗungurungum ba sai 1936, kuma a tsakanin nan sumogar yara ba ta tsaya ba. An buɗe gidan 'yantattun bayi a Zungeru, mafi yawan mazaunansa yara ne da aka ƙwace a hanya, waɗansu ba su ma san sunan garinsu ba. An yi yunwar 1914 wadda ake kira Kakalaba, da ta 1942 wadda Katsinawa suka sa wa 'Yar Gusau domin can aka riƙa zuwa neman hatsi. Jirgin ƙasa ya bi ta Funtuwa ya isa Ƙauran Namoda a 1929, auduga ta zama abin biyan haraji, aka kafa gonar irin auduga a Daudawa cikin ƙasar Faskari. Tsakanin 1942 da 1944 aka ɗebi maza aikin tilas zuwa haƙar kuza a Jos, yara suka zama masu gida kafin lokacinsu. Sa'an nan ga farin 1973, wanda da yawa cikin iyayenku suka gani da idonsu. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan yana da takardunsa a Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa da ke Kaduna, rahoton Di'o da na Razdan, da lissafin haraji da na jangali. Abin da babu a takardun shi ne yarinyar da aka aurar don buhun dawa.

Waɗansu al'ummomi sun daɗe da gane amfanin wannan aiki. A Ingila Ian Serraillier ya rubuta The Silver Sword a 1956, labarin yaran Warsaw da Yaƙin Duniya na Biyu ya raba da iyayensu suka ratsa Turai suna nemansu. A Amurka Mildred Taylor ta fitar da Roll of Thunder, Hear My Cry a 1976, inda yarinya baƙar fata take ba da labarin wariyar launi a Misisipi cikin shekarun 1930. A nan gida Adaobi Tricia Nwaubani ta rubuta Buried Beneath the Baobab Tree a 2018, bayan ta yi hira da 'yan matan da suka kuɓuta daga hannun Boko Haram. Littafi ne mai kyau, amma da Turanci yake, a Amurka aka buga shi, kuma yarinyar da ke aji biyu a Sabuwa da wuya ya taɓa zuwa hannunta. Mu kuwa, in kun duba, har yanzu bisa tsofaffin littattafan nan muke jingina, irin su Shaihu Umar da Nagari Na Kowa na Jabiru Abdullahi mai labarin maraya Salihi. Ɗimbin littattafan da matasa suka rubuta a Kano tun daga shekarun 1980 sun yi nasu aikin, sun sa mata da yawa karatu, sai dai soyayya da zaman aure suka fi ɗauke musu hankali, kuma ba don yara aka yi su ba.

To, in mun yarda ana bukatar littafin Ƙanƙara, yaya za a rubuta shi? A nan ne nake da tsoro, kuma gara in faɗe shi a fili.

Tsoron farko gaggawa. Walter Scott, wanda Turawa suke ɗauka uban wannan fanni, da ya fitar da Waverley a 1814, labarin abin da ya faru kusan shekara saba'in kafin nan ya bayar. Ɓalewa ma ya bar tazarar kusan shekara arba'in tsakaninsa da zamanin da ya zana. Tazara tana sa ƙura ta lafa. Mu kuwa ƙurarmu ba ta gama lafawa ba. Bayan Ƙanƙara an yi Kagara, an yi Jangeɓe ranar 26 ga Fabrairu 2021 inda aka ɗebi 'yan mata 279, an yi Tegina, an yi Kuriga a Maris 2024. Kafin Ƙanƙara ma, a Yuni 2020, an kashe mutane da dama a Kadisau ta ƙasar Faskari. A 2021 gwamnatin jiha ta rufe hanyar Ƙanƙara zuwa Sheme ga motocin haya, ta dakatar da kasuwannin dabbobi, aka kuma katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13, har da ukun nan da muke magana a kansu. Marubucin da ya yi sauri zai iya fitar da takardar siyasa ya kira ta labari. Amma kada wannan ya zama hujjar zama. Rubuta littafin yana iya jira, tattara shaidar kuwa ba ya jira, domin tunanin ɗan Adam yana goge abin da ya fi ciwo, kuma yakan cike gurbin da abin da ya ji a bakin wasu.

Tsoro na biyu shi ne a maimaita kuskuren da na nuna a Shaihu Umar, amma ta wata fuska. Cikin waɗanda suka riƙe bindiga a dazuzzukan nan akwai yara, waɗansu ba su girmi ɗaliban da suka tsare ba. Yaron da aka sace shanun ubansa, ko aka kashe wansa a kasuwa ba shari'a, ko aka nome burtalin da kakansa yake bi, wanda bai taɓa shiga aji ba, aka ɗora masa bindiga yana ɗan shekara goma sha biyu, shi ma yaro ne da tarihi ya bi ta kansa. Faɗin haka ba wanke laifi ba ne. Auwalun Daudawa, wanda ya jagoranci satar Ƙanƙara, ya ajiye makamai a Gusau a Fabrairu 2021, ya koma daji, aka kashe shi a ƙarshen Afrilu na shekarar, kuma ba wanda zai ce abin da ya yi yana da uzuri. Amma littafin da zai koya wa yaro Bahaushe cewa duk Bafillace dodo ne, ko ya koya wa yaro Bafillace cewa duk manomi maƙiyinsa ne, gara ba a rubuta shi ba. Rugagen Fulani da yawa su ma an kore musu shanu, an sace musu 'ya'ya, an karɓi fansa a hannunsu. Marubucin kirki zai ba yaran ɓangarorin biyu suna.

Na uku amana. Waɗannan ɗalibai suna raye, sun zama samari, waɗansu ma watakila suna cikin zauren nan. Abin da ya same su nasu ne, ba kayan kasuwa ba. A nan ne ƙagaggen labari ya fi rahoton jarida sutura, domin yana iya haɗa abin da mutum goma suka gani ya ɗora wa yaro guda wanda ba shi da adireshi, gaskiyar ta fito ba tare da an tona asirin kowa ba. Sharaɗin dai a nemi izini, a kuma san abin da za a nuna wa ɗan shekara goma sha biyu da abin da za a bari a bayan labule. Ɓalewa ya san wannan. Bai ɓoye mutuwa ba, bai kuma tsaya yana wasa da jini ba. Kada kuma a ƙaga abin da ya saɓa wa tabbataccen tarihi. Marubuci yana da ikon ƙirƙirar yaro da abokinsa da mafarkinsa, amma ba shi da ikon mai da kwana shida su zama wata shida, ko ya kawo sojan da ya kuɓutar da su da bakin bindiga alhali ta hanyar sulhu aka sako su.

Ku ma'aikatan hukuma, akwai abin da yake hannunku wanda ba ya hannun marubuci. Rajistar makarantun da aka rufe bayan Disamba 2020, da wasiƙun da hedimastoci suka rubuto, da jerin sunayen ƙauyukan da suka tashi, da lissafin 'yan gudun hijirar da suka kwana a azuzuwan firamare a Faskari da Ƙanƙara, duk takardu ne da suke cikin kabad a sakatariyar ƙaramar hukuma ko a Ma'aikatar Ilmi. Na taɓa shiga wani ofis neman fayil na shekarun 1970, na tarar gara ta riga ni, abin da ya rage an ba mai ƙosai. Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Katsina tana nan, Gidan Arewa yana nan a Kaduna, kuma aikinsu ke nan su karɓa su adana. Ku ne kuma kuke zama a kwamitin da yake zaɓen littattafan da za a karanta a makarantu. East bai jira marubuta su faɗo daga sama ba, gasa ya sa. Kamfanin NNPC na Zariya ya yi haka, aka sami Mallakin Zuciyata da So Aljannar Duniya da Amadi Na Malam Amah a 1980, Ma'aikatar Al'adu ta Tarayya ta bi baya a 1982 aka sami su Turmin Danya da Ƙarshen Alewa Ƙasa. Kuɗin irin wannan gasa bai kai na motar ofis guda ba.

Ku ɗalibai kuwa, musamman 'yan Sashen Tarihi da na Harsunan Nijeriya waɗanda suka fito daga wannan yanki, hutu yana zuwa. Kowannenku yana da waya mai ɗaukar magana. A garinku akwai tsohuwar da ta ga 'Yar Gusau tana yarinya, ta haura shekara tamanin da biyar yanzu, kuma ita ce ta ƙarshe da ta ji labarin harin Maraɗi daga bakin kakar da ta gudu a cikinsa. Ku zauna da ita bayan la'asar, ku tambaye ta me suka ci, wa ya mutu, wane dutse suka hau, wace waƙa aka yi. Ku rubuta ranar da kuka yi hirar da sunan garin, ku ajiye kwafi a sashenku, ku bar wani a gida.